AN ƊAUKE MA'AIKACIN GARINMU: MI DOKA TA CE?



Bara, bayan girbi, takarda ta zo daga birni: an ɗauke mushen lakkol na garin da nike koyarwa, an kai shi wani gari mai nisa. Shekara shidda ya yi tare da mu. Da dare, a ajin yaƙi da jahilci, ba wanda ya kula da allo. Wani ya ce sammu aka yi mishi. Wani ya ce faɗa ya yi da babbansu. Wani kuma ya ce an rage mishi girma. Shi ya sa na ga ya kamata mu duba abin da doka ta ce.

Ma'aikatan gwamnatin Nijar suna da doka tasu, wadda aka yi a shekara ta 2007. An kasa su kashi huɗu: A, B, C da D, gwargwadon karatun da mutum ya yi. Cikin kowane kashi akwai matakai, kamar tsani.

Ga babbar maganar da ya kamata mu riƙe: girma na ma'aikaci ne, kujera ta gwamnati ce. Kamar mai aron gona ne. Hatsin da ya noma nashi ne, gona kuwa ta mai ita ce. Gwamnati tana da ikon ɗauke malamin asibiti daga Tasawa ta kai shi Tanut in can aka fi bukatarshi. Amma canjin wuri ba ya rage mishi girma. Matakinshi yana bin shi duk inda ya tafi.

Canjin wuri iri uku ne. Wani shi ke roƙo, don ciwo ko don iyali. Wasu biyu su shirya su yi musanya. Wani kuma bukatar aiki ke sa a ɗauke shi, ko yana so ko ba ya so. A nan ne rigima ke tashi. In laifi ma'aikaci ya yi, sai a tambaye shi a rubuce, ya kare kanshi, kana a hore shi. Ba daidai ba ne babba ya ɓoye horo cikin rigar bukatar aiki don ya rama fushinshi.

Ƙarin girma fa? Ƙaramin mataki yana zuwa ne bisa ga shekarun aiki. Babban mataki kuwa sai an duba makin da shugaba ke ba mutum kowace shekara, wakilan gwamnati da na ma'aikata su zauna su tace. Nan ma ana kuka. Mutum ya ga ƙanenshi a aiki ya wuce shi, zuciya ta ɓaci, aiki ya yi sanyi. Wa ke shan wahala? Mu talakawa, da ɗiyanmu, da bisashenmu.

Wanda ya ga an zalunce shi, ga hanya. Da farko ya tafi inda aka tura shi, don ƙin zuwa laifi ne babba. Sannan ya rubuta takardar kuka ga wanda ya sa hannu, ko ga na sama da shi. Ya shaida wa ƙungiyar ma'aikatansu. In bai samu biyan bukata ba, ya kai ƙara kotu, kuma alƙali na iya soke takardar in ta saɓa wa doka. Amma akwai wa'adi. Wanda ya yi barci har ya wuce, ya makara.

Mu fa, mutanen gari? Ba mu da ikon hana canji, amma muna da baki, yanzu kuma muna da alƙalami. Ɗaliban ajinmu suka rubuta takarda da hannunsu, maigari ya kai ta ga hukuma. Ba mu roƙi a maido mishi ba. Mun ce kada a bar yara ba malami. Kafin wata biyu sabon mushe ya iso.

Wani tsoho cikin ɗalibaina ya ce da ba mu iya rubutu ba, da har yanzu muna gindin kuka muna zargin sammu. Gaskiyarshi. Kowa ya zo aji da dare.

Allah shi ba mu damana mai albarka.

Daga wani malamin yaƙi da jahilci, jahar Maraɗi