Yaushe Rigima Take Nuna?

A shekarar 1985 William Zartman, malami a jami'ar Johns Hopkins ta Amurka, ya fitar da wani littafi kan yaƙe-yaƙen Afirka wanda har yau masu nazarin sulhu ke muhawara a kansa. A ganinsa rigima kamar ƙurji take, sai ta nuna ake matsewa. Masu faɗa ba sa zaman sulhu da zuciya ɗaya sai kowane ɓangare ya haƙiƙance ba zai yi galaba ba, yaƙin ya gallabe shi, kuma ya hango mafita.

Mozambik ta gaskata shi. Gwamnatin Frelimo da 'yan tawayen Renamo sun gwabza tun 1977, rayuka kusan miliyan ɗaya suka salwanta. Can wajen 1990 Tarayyar Sobiyet ta janye hannu daga gwamnati, Afirka ta Kudu ta fara juya wa 'yan tawaye baya, daga bisani fari ya faɗa wa ƙasar har mayaƙa suka rasa abin sa wa a baki. A wannan tsakanin ne ƙungiyar Katolika ta Sant'Egidio ta tara ɓangarorin biyu a wani tsohon gidan ibada a birnin Rum. Masu shiga tsakanin ba su da soja ko ɗaya, sai haƙuri. Fiye da shekara biyu ana kai ruwa rana, kafin Shugaba Joaquim Chissano da jagoran Renamo Afonso Dhlakama su rattaba hannu kan yarjejeniyar sulhu ranar 4 ga Oktoba 1992.

Abin da ke damuna da wannan fahimta shi ne yadda manyan ƙasashe ke fakewa da ita su naɗe hannu, suna cewa lokaci bai yi ba. Shi kansa Zartman ya ce aikin mai sasanci ne ya nuna wa masu faɗa sun kai maƙura. Kuma wa ke shan azabar kafin rigimar ta nuna? Talakan ƙauye ne, janar yana cikin gidansa.

Dubi Sudan, inda 'yan'uwanmu Hausawa suke da yawa. Yaƙi ya ɓarke tsakanin sojan ƙasar da dakarun kar-ta-kwana na RSF ranar 15 ga Afrilu 2023, Saudiyya da Amurka suka kira taron Jidda a watan Mayu, aka yi ta ƙulla tsagaita wuta ana warwarewa. Soja da dakarun RSF kowa na da mai tura masa makamai daga waje, ga zinare na biyan kuɗin harsashi. Muddin ba a toshe waɗannan hanyoyi biyu ba, shugaban soja Burhan da jagoran RSF Hemedti ba za su ji a jikinsu irin abin da Chissano da Dhlakama suka ji ba.