Sauro, Kotu da Hakkin Gwamnati

Kai mai karatu, idan a Nima ko Mamobi kake zaune, ka san saman-saman. Su ne ma'aikatan tsabta da ke shiga gida-gida, waɗanda 'yan'uwanmu na Kano ke kira duba-gari. In suka iske ruwa kwance a tsakar gida ko shara a bakin gota, sai su rubuta maka sammaci, ka je gaban alƙali ka biya tara.

Wannan aiki ya daɗe. Tun zamanin Turawa, a shekarar 1911, aka yi dokar kashe sauro a ƙasar nan. Ma'aikaci yakan zo da ludayi ya ɗebi ruwan randa, in ya ga 'ya'yan sauro a ciki, sai kotu. A yau kuma akwai Dokar Lafiyar Jama'a ta 2012. Dokar tana da dalili: macen sauro a ruwa kwance take yin ƙwai, kuma cikin kwana goma ko makamancin haka su zama sauro masu cizo. Tsohuwar taya ko gwangwani ɗaya ya ishe ta.

To, amma maigida kaɗai ne mai laifi? A'a. Kana iya share gidanka tas, amma ba ka iya yashe babbar gotar Nima da ke gangarawa zuwa kogin Odo, ba ka kuma iya cike ramukan titi. Wannan aikin hukuma ne. Mutanen Sakel ba za su manta da daren 3 ga Yuni, 2015 ba, lokacin da ambaliya da gobara suka ci rayuka fiye da 150. Kuma duk sa'ad da ruwa ya janye, yakan bar kududdufai inda sauron zazzaɓi ke hayayyafa.

Tsarin mulkin Gana na 1992 ya ambaci hakkin samun kula da lafiya, ya kuma ɗora wa shugaban ƙasa ya riƙa gaya wa majalisa kowace shekara abin da aka yi a kai. A 2001, shugabannin Afirka sun yi alkawari a Abuja za su ware kashi 15 cikin ɗari na kasafin kuɗinsu domin lafiya. An yi wasu abubuwa: inshorar lafiya ta 2003 tana biyan maganin zazzaɓin cizon sauro, an fara yi wa yara rigakafinsa a wasu gundumomi a 2019. Amma da sauran aiki. A 2023 hukumar lafiya ta sanar da ganin wani sabon nau'in sauro daga Asiya a Tuba da Dansoman, wanda ke son tankunan ruwa na birni.

Me za ka yi?

Da farko ka sauke naka nauyin. Rufe randa da duro, kife gwangwani, kwana cikin gidan sauro. Mai ciki ta je awo ta karɓi maganin kariya. Yaro in jikinsa ya yi zafi, kai shi asibiti a ranar, a gwada jininsa kafin a ba shi magani.

Sannan ka nemi hakkinka. Tun 2018 Nima tana ƙarƙashin majalisar Ayawaso ta Gabas, Mamobi kuma Ayawaso ta Arewa. Ku haɗu da maƙwabta, da liman da sarkin Zango, ku rubuta ƙorafi ga asambuliman ɗinku, ku ajiye kwafi mai kwanan wata. In an yi shiru, akwai hukumar kare hakkin ɗan Adam, CHRAJ, wadda ke karɓar ƙara kyauta. Bayanta akwai kotu.

Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Dokar da ke tambayar ka game da randarka, ita ce ta ba ka ikon tambayar hukuma game da gota. Allah ya ba mu lafiya.