Madarumfa: Garin Gulbi da Tafki a Ƙasar Katsina

Madarumfa na kudu da birnin Maraɗi, a kwarin Gulbin Maraɗi, kusa da iyakar Nijar da Najeriya. Gulbin yana tasowa ne daga ƙasar Katsina ta Najeriya, ya bi ta Jibiya ya shigo Nijar, ya wuce Maraɗi da Tibiri, sannan ya sake komawa Najeriya ya haɗu da Gulbin Rima. Da damina yake kawo ruwa, da rani ya bar yashi, amma laimar fadamarsa ita ta zaunar da mutane a nan tun da can.

Mafi yawan mutanen wurin Katsinawa ne. Tun kafin jihadi akwai Anna manoma da mafarauta a wannan kwari, masu gargajiyarsu ta noma da ta daji, kuma Fulani makiyaya sun daɗe suna shayar da dabbobinsu a cikinsa. Da birnin Katsina ya faɗa hannun masu jihadi a 1807, zuriyar tsofaffin sarakuna suka yi arewa, har Ɗan Kasawa ya kafa sarauta a Maraɗi wajen 1819. Daga nan kudancin kwarin ya zama bakin daga tsakanin Katsina biyu, wadda ke ƙarƙashin Sakkwato da wadda ta ƙi miƙa wuya. Yarjejeniyoyin Faransa da Ingila na 1904 da 1906 suka bar Madarumfa a ɓangaren Faransa. Iyakar ta raba gwamnati, ba ta raba zumunta da auratayya da cin kasuwa ba, kamar yadda zirga-zirgar garin Ɗan Isa na bakin iyaka ke nunawa har yau.

Abin da ya fi fito da sunan garin shi ne tafkinsa, inda masunta ke kamun tarwaɗa da karfasa, tsuntsaye kuma ke sauka. A kewayensa ne ake da kaburburan da jama'a ke kira na waliyyai 99, waɗanda ake zuwa ziyara daga Nijar da Najeriya. A 2006 Nijar ta sa tafkin da dajin da ke kusa da shi da kaburburan cikin jerin wuraren da take neman UNESCO ta amince da su a matsayin gadon duniya.

Madatsar ruwa ta Jibiya ta sauya yadda gulbin ke kawo ruwa, yashi kuma yana cike tafkin sannu a hankali. Kare tafkin aiki ne da ya rataya a wuyan ƙasashen biyu.