Sandra Day O'Connor: Alƙaliyar da aka zaɓa, ta kuma yaƙi zaɓen alƙalai

A jihohin Amurka da dama, alƙali kan tsaya takara kamar ɗan majalisa, ya nemi kuɗin kamfe, ya roƙi ƙuri'un jama'a. Sandra Day O'Connor, mace ta farko da ta zauna a Kotun Ƙolin ƙasar, ta bi wannan hanya da ƙafarta, daga baya kuma ta zama cikin manyan masu sukarta.

An haife ta ranar 26 ga Maris, 1930 a El Paso da ke Jihar Texas, ta taso a gonar kiwon shanu ta iyayenta a kan iyakar Arizona da New Mexico. Ta kammala karatun lauya a Jami'ar Stanford a 1952, amma kamfanonin lauyoyi suka ƙi ɗaukarta saboda mace ce, ɗaya ma aikin sakatariya ya yi mata tayi. Daga bisani ta samu gurbi a ofishin lauyan gundumar San Mateo a Kalifoniya.

A 1969 gwamnan Arizona ya naɗa ta cike gurbi a majalisar dattawan jihar, ta ci zaɓe sau biyu a ƙarƙashin jam'iyyar Republican. A 1973 ta zama shugabar masu rinjaye, mace ta farko da ta riƙe wannan muƙami a kowace jiha ta Amurka.

A 1974 ta lashe zaɓen alƙalin babbar kotun gundumar Maricopa. A shekarar ne kuma masu zaɓe a Arizona suka amince da sauyin da ta mara wa baya: a kotunan ɗaukaka ƙara da manyan gundumomi, kwamiti ne zai tantance 'yan takara, gwamna ya naɗa, sannan jama'a su yanke ko alƙalin ya ci gaba. Ta wannan tsari Gwamna Bruce Babbitt, ɗan jam'iyyar Democrat, ya ɗaga ta zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara a 1979.

Shugaba Ronald Reagan ya zaɓe ta zuwa Kotun Ƙoli a 1981, Majalisar Dattawa ta tabbatar da ita da ƙuri'u 99, babu ko ɗaya da ya ƙi. Sau da yawa ƙuri'arta ce ke raba gardama, kamar a shari'ar zaɓen Bush da Gore a 2000.

Ta yi ritaya a 2006 don jinyar mijinta mai cutar mantuwa. Daga nan ta riƙa zagaya jihohi tana jan hankalinsu su daina zaɓen alƙalai. Hujjarta ita ce, alƙalin da ya karɓi gudummawar kamfe daga lauyoyi da kamfanoni, ko da ya yi adalci, da wuya talaka ya yarda da hukuncinsa. Ta rasu a Phoenix ranar 1 ga Disamba, 2023 tana da shekara 93, jihohi da dama kuma har yanzu suna zaɓen alƙalansu.