Gina Ma'ana Daga Kallo: Nazarin Gajeren Fim Ɗin Lemon

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan maƙala ita ce duba yadda mai kallo ke samar da ma'ana daga fim ɗin da babu labari ko zance a cikinsa. An zaɓi Lemon, wanda Ba'amurke Hollis Frampton ya shirya a 1969, domin ya zame mana zakaran gwajin dafi.

2.0 Abin da Ido Ke Gani

Tsawon fim ɗin kimanin minti 7 ne, ba shi da sauti, kuma babu kome a cikinsa sai lemun tsami guda ɗaya. Kyamara ba ta motsi, haske ne kawai ke zagayawa. Lemun yakan fito daga duhu sannu a hankali har ramukan ɓawonsa su bayyana, daga nan hasken ya koma bayansa, sai ya zama baƙar inuwa marar kauri. Iyakar abin da ya faru ke nan. Amma duk da haka wani mai kallo zai ce jinjirin wata ya gani yana cika, wani ya ce husufi ne, wani kuwa rayuwa da mutuwa.

3.0 Daga Ina Ma'anar Ta Fito?

Tun wajen 1920 Lev Kuleshov ya nuna a Rasha cewa fuska ɗaya takan zama ta yunwa ko ta baƙin ciki gwargwadon hoton da aka jera ta da shi. Wato ma'ana tana fitowa daga jerantawa, kamar kalma a cikin jimla. To, Frampton ya cire ko da wannan madogara, domin hotonsa ba shi da maƙwabci.

A ganinmu, ra'in Grice (1975) ya fi kusa da warware matsalar. Mai sauraro yakan ɗauka cewa mai magana bai faɗi abu a banza ba, saboda haka idan zance ya gaza, shi ke cike giɓin. Haka mai kallo: tun da an zaunar da shi minti 7 gaban lemu, lalle akwai nufi, sai ya shiga lalube cikin abin da ya riga ya sani. Lemun da ke kan faifan mai talla ba ya jawo wannan lalube, don ba wanda ya nuna shi da niyyar a fassara.

Sai dai kwatancen yana da iyaka. Mai sauraro na iya tambayar abokin zancensa abin da yake nufi, a gyara masa fahimta nan take. Mai kallon Lemon ba shi da wanda zai tambaya, kuma babu ƙa'idar nahawu da za ta ce fassarar husufi ta fi ta jinjirin wata inganci.