Me Ya Sa Kiɗa Ke Danne Magana A Fim? Ga Yadda Ake Gyarawa A Gida

A gidaje da yawa a Adabka, cikin ƙaramar hukumar Bukkuyum, da daddare ake kallon fim, bayan an tada janareta ko an jona batirin sola. Sai dai ana fara Labarina ko wani fim ɗin Indiya mai fassara, rimot ba ya hutawa: a ƙara murya don a ji magana, kiɗa ya taso ya tada yara daga barci, a sake ragewa. Wasu sukan sayo babbar wufa, kuɗi ya tafi, maganar kuma ta ƙara nutsewa.

Laifin ba na kunne ba ne. Manyan fina-finan waje ana haɗa sautinsu a tsarin 5.1, wato layuka shida, kuma mafi yawan magana a layin tsakiya take. Talabijin mai sifika biyu sai ta cakuɗa layukan, maganar ta gauraya da kiɗa da ƙarar bindiga. Ga shi talabijin ta zamani siririya ce, ƙananan sifikunta ƙasa ko baya suke kallo.

Sautin da ke bambanta haruffa irin su "s", "ts" da "ƙ" yana sama, tsakanin hertz 2,000 zuwa 4,000. Dum-dum ɗin wufa kuwa ƙasa yake, kuma idan ya yi yawa yana rufe wancan.

Don haka gyaran farko kyauta ne. A rage bas a wufa. A saitin sauti, talabijin LG na da Clear Voice, Samsung na da Amplify, duka don fito da magana. Mai kallo a waya zai iya buɗe ikwalaiza a manhajar VLC ya ɗan ɗaga 2,000 da 4,000.

Sannan wurin ajiya: a fito da sifika daga kwana ko cikin kabad, ta fuskanci masu kallo daidai tsayin kunne. Tabarma, darduma da labule suna rage amsa-kuwwar ɗakin siminti. A kuma nisanta janareta daga taga.

Abu ɗaya ne saiti ba ya gyarawa: fim ɗin da aka matse sosai a shagon turi don ya shiga memori. Wanda ke son jin kowace kalma, ya nemi kwafi mai nauyi.