Daga Majigi Zuwa Silima: Aikin Alhaji Adamu Halilu

Manufar wannan takarda ita ce ta nuna matsayin Alhaji Adamu Halilu (1936-2001) a tarihin fim na Hausa. Amma ba za a gane aikinsa ba sai an fara sanin yadda mutanen birnin Kano suka ɗauki hoto mai motsi a zamanin da ya taso.

A wurinsu hoton nan iri biyu ne. Akwai majigi, wanda motar gwamnati ke kawowa, a kafa farin ƙyalle a fili bayan sallar magariba, a nuna noman auduga ko tsabta, kyauta, da yardar sarki, ga mai fassara yana bayani da Hausa. Sai kuma silima, wadda ake biya a shiga. Gidajenta na farko, kamar Rex da aka buɗe a 1937, duk a bayan ganuwa suke. Da gidan El-Duniya ya ƙone a 1951, mutum 331 suka rasu, da yawa suka ce ishara ce. Ko da aka buɗe Palace a Jakara a 1952, watau silima ta shigo cikin birni ke nan, malamai ba su daina tsangwamarta ba. Ɗan mutunci yakan kalli majigi a gaban ubansa, amma silima sai a ɓoye.

A ɓangaren majigi Halilu ya koyi sana'a. An haife shi a Garkiɗa, ya yi karatun fim a London da Rum, sa'an nan ya yi aiki a sashen fim na Gwamnatin Jihar Arewa, inda ya shirya Mama Learns a Lesson a 1963. Wasu kan raina irin waɗannan finafinai, wai wa'azin hukuma ne kawai. Gaskiya ne, amma a nan ne ɗan Arewa ya fara riƙe kyamara, ya san auna haske, ya iya yanka fim da haɗa shi.

Babban aikinsa shi ne Shaihu Umar, na 1976, wanda Gwamnatin Tarayya ta ɗauki nauyinsa, aka nuna a bikin FESTAC na 1977. Tushensa littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa ne, ta hanyar wasan kwaikwayon da Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka tsara, kuma Umaru Ladan ɗin ne ya fito a matsayin Shaihu. A nawa ganin, zaɓen wannan labari hikima ce. Malami ne zaune cikin almajiransa yana ba da tarihin yadda aka sace shi yana yaro, aka ƙetare Sahara da shi, uwarsa ta bi sawu. Wane malamin zaure ne zai ce wannan shashanci ne? Ashe Halilu ya ɗauki mutuncin majigi ne ya shiga da shi silima, cikin Hausa tsantsa, fiye da sa'a biyu.

Sai dai gidajen silima ba a hannunsa suke ba. Yawancinsu na Kwarori ne, kuma fim ɗin Indiya ya fi musu araha da riba. Saboda haka Shaihu Umar bai zaga gari yadda ya kamata ba, balle Kanta of Kebbi na 1978, wanda kaɗan ne suka taɓa ganinsa. Daga baya Halilu ya shugabanci Hukumar Fim ta Nijeriya, wadda aka kafa a 1979. Samarin Kano kuwa, da suka fito da Turmin Danya a 1990, kaset ɗin bidiyo suka kama, wanda ke shiga har cikin ɗaki ba sai an je silima ba.

Shaihu Umar ya yi shekaru ana zaton ya salwanta. Sai a 2016 aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fim na Balin a 2018, shekara 17 bayan rasuwar mai shi.